Akwatin gilashi mai lita 54 da kwaɗi shida: abin da na samu a wani shagon kifin ado a Kano

A watan Oktoban bara na shiga wani shagon sayar da kifin ado a Kano da niyyar sayen ƙananan kwaɗin ruwa, irin waɗanda ba sa fitowa tudu, tare da akwatin gilashin da za su zauna a ciki. Da na faɗa wa maƙwabcina abin da ya fitar da ni, sai ya ɗauka kwaɗon kulle ƙofa nake nufi, har ya fara kwatanta mini rumfar wani mai sayar da masu ƙarko a kasuwa. Da ya gane nufina kuwa sai ya yi shiru, ya yi mini irin kallon da ake yi wa wanda kuɗi suka yi wa yawa. Wata takwas ke nan yanzu, akwatin ya ga sanyin hunturu ya kuma ga zafin bazara, saboda haka ina ganin na kai matsayin da zan iya faɗin ra'ayina a kan shagon, da kayan da ya sayar mini, da kuma shawarar da ya haɗa mini da su. Ra'ayin nawa shi ne cewa gilashinsu mai kyau ne, kwaɗinsu lafiyayyu ne, mu'amalarsu ta mutunci ce, amma duk wanda ya bi maganarsu a kan adadin kwaɗin da za a tara wuri ɗaya da irin waɗanda za su iya zama tare, zai yi asarar dabbobinsa kamar yadda na yi asarar ɗaya daga cikin nawa ta wannan hanya.

Kwaɗon da ake magana a kansa ɗan ƙarami ne, tsawonsa bai fi santimita 3 zuwa 4 ba idan ya gama girma, launinsa ruwan ƙasa ne mai duhu da ɗige-ɗigen baƙi. Masana suna kiran jinsinsa Hymenochirus, kuma nau'in da aka fi dangantawa da kasuwar dabbobin ado shi ne Hymenochirus boettgeri, wanda wani Bajamushe masanin dabbobi mai suna Gustav Tornier ya bayyana a shekarar 1896. Asalinsa dazuzzukan tsakiyar Afirka ne, daga kudu maso gabashin Nijeriya zuwa Kamaru da Gabon har yankin Kwango, inda yake zaune a kududdufai da ƙoramu marasa zurfi waɗanda inuwar itatuwa ta rufe. Abin mamaki ne a ce dabbar da ke da tushe a ƙasarmu ta fi shahara a gidajen Amurka da Ingila fiye da gidajenmu, amma haka abin yake. Ba shi da harshe, ba shi da haƙora, ganinsa mai rauni ne, kuma ko da yake rayuwarsa duka a cikin ruwa take, da huhu yake numfashi, don haka dole ya riƙa tasowa sama yana shaƙar iska yana komawa ƙasa. Waɗannan siffofi su ne ma'aunin da na auna kowane kaya na shagon da shi, domin kayan da ya dace da kifi ba lallai ba ne ya dace da dabbar da ba ta gani sosai, ba ta da ƙarfin iyo, kuma take buƙatar kai hancinta saman ruwa sau da yawa a yini.

Shagon kansa tsaf yake. Akwatunan baje koli a goge suke, ban ga mataccen kifi ko ɗaya yana yawo a saman ruwa ba, kuma suna da wutar sola da ke riƙe injinan hura iska idan an ɗauke wuta. Mai shagon dattijo ne mai haƙuri da tambaya, ya gaya mini cewa daga Legas ake aiko masa da kwaɗin a cikin ledoji ta motar dare, kuma ba ya sayar da su sai sun kwana bakwai a wurinsa ya ga sun fara cin abinci. Wannan ɗabi'a ta burge ni, domin yawancin asarar da ake yi a irin wannan kiwo a makon farko bayan doguwar tafiya take faruwa, shi kuwa ya zaɓi ya ɗauki asarar a kansa maimakon ya tura ta gidan mai saye.

Na sayi abin da suke kira cikakken saiti. A cikinsa akwai akwatin gilashi mai tsawon santimita 60, faɗi 30, tsayi 30, wato lita 54 idan an cika shi taf, sai murfi na roba mai fitila, da matatar ruwa mai injin lantarki wadda ake maƙalawa a ciki, da tsakuwa mai launi-launi, da ganyayen roba, da ƙaramar raga ta kamu, da gwangwanin abincin kifi na ɓarɓashi mai yawo a saman ruwa. Akwatin shi ne abin da ya fi komai cancantar kuɗinsa. Haɗin kusurwoyinsa da silikon an yi shi da kyau, wata takwas ko ɗigo bai yi yoyo ba, kuma siffarsa ta dace da kwaɗi ƙwarai, domin ya fi tsawo fiye da zurfi. Akwatunan da ake yi dogaye a tsaye suna da ban sha'awa a falo, amma kwaɗon da zai yi ta hawa rabin mita kowane ɗan lokaci don ya sha iska zai galabaita. Zurfin santimita 30 kuwa daidai ne da ƙarfinsa.

Sauran kayan saitin kuwa, in ban da fitilar, kusan duk sai da na sauya su, kuma wannan ne ya sa ba zan ba kowa shawarar sayen saitin a dunƙule ba. Matatar ruwan tana da ƙarfin da ya wuce kima. Tana jan ruwa ta wasu ƙananan tsagogi a ƙasanta, tana kuma fesa shi da ƙarfi ta sama, har na ga tana juya ganyayen roba kamar guguwa ta shiga gona. Ƙafar wannan kwaɗo siririya ce, tsagogin suna iya kama ta, kuma igiyar ruwa mai ƙarfi tana hana shi hutawa. Na cire ta na sa matatar soso, wadda ƙaramin injin hura iska ke tafiyar da ita ta siririn tiyo. Ta fi araha, ba ta da inda za ta kama ƙafa, kuma shagon yana sayar da ita, sai dai ba a nuna maka ita sai ka tambaya. Tsakuwar mai launi ita ma ba ta yi ba, saboda girmanta ya yi daidai da bakin kwaɗon. Tun da ba shi da harshe, da zuƙa yake cin abinci, yakan faɗa wa abin da ya ji ƙamshinsa ya haɗiye shi gaba ɗaya, kuma ƙwayar tsakuwa tana iya bin abincin ta toshe masa ciki. Na maye gurbinta da yashi mai laushi wanda na wanke sau da yawa har ruwansa ya daina gurɓacewa, na ƙara wasu manyan duwatsu masu santsi da ɓallen kaskon ƙasa guda biyu da na kifa domin su sami maɓoya. Ganyayen roba masu kaifin baki na zubar, na bar masu taushi kawai. Abincin ɓarɓashin kuwa na bai wa wani abokina mai kiwon kifi, domin kwaɗin a ƙasa suke neman abinci, abin da ke yawo a sama sai ya jiƙe ya ruɓe ba su san da shi ba.

Abubuwan da babu su a saitin sun fi waɗanda ke ciki muhimmanci. Babu ma'aunin zafin ruwa, babu hita, babu maganin kashe kulorin, babu kayan gwajin ruwa. Da na tambayi yaron shagon yaushe zan zuba kwaɗin, sai ya ce da ni, "Yallaɓai, ka cika ruwa yau ka zuba su yau, ba abin da zai same su." Ban bi wannan ba, kuma ita ce shawarar farko da na ƙi. Dalili shi ne kashi da fitsarin dabbar ruwa suna sakin amoniya, wadda guba ce, kuma abin da ke kawar da ita wasu ƙwayoyin bakteriya ne masu amfani da ke zama a cikin soson matata, suna mayar da amoniya naitirait, wasu kuma su mayar da naitirait naitiret, wanda cutarwarsa kaɗan ce kuma ana rage shi da sauya ruwa. Sabon akwati ba shi da waɗannan ƙwayoyi, kuma sukan ɗauki mako huɗu zuwa shida kafin su yawaita. Na biya kuɗin kwaɗin na bar su a shagon, mai shagon kuma ya yarda ya riƙe mini su ba tare da ƙarin ko sisi ba, wanda alheri ne da ya kamata a ambata. Na yi mako biyar ina jefa ɗan abinci a akwatin da babu kowa a ciki ina gwada ruwan da kayan gwaji na kamfanin API, har amoniya da naitirait suka koma sifili. Mutanen gida sun yi mini dariya iyakar iyawarsu, suna cewa na sayi akwati ina kiwon ruwa.

Batun ruwa a Kano yana da nasa sarƙaƙiya wadda shagon bai taɓo ba ko kaɗan. Ruwan famfo yana iya zuwa da kulorin, fatar kwaɗo kuwa tana shan abin da ke cikin ruwa kai tsaye, don haka sai an sa masa magani. Ina amfani da Seachem Prime, wanda mililita 5 ke isar lita 200, kwalba ɗaya ƙarama takan daɗe ƙwarai. Ruwan 'yan garuwa na daina amfani da shi saboda ba kullum daga rijiya ɗaya suke ɗebowa ba, kuma jarkokin ba a san abin da aka taɓa zubawa a cikinsu ba. Na tsaya a kan ruwan burtsatsen gidanmu, ina tara shi a bokitin da ba a taɓa sa masa sabulu ko garin wanki ba, ina barinsa ya kwana a ɗakin domin zafinsa ya daidaita da na akwatin, sannan in sauya kashi ɗaya cikin huɗu na ruwan duk ranar Asabar. Soson matatar a cikin tsohon ruwan da na kwashe nake matse shi, domin wanke shi da ruwan famfo kashe ƙwayoyin da aka yi mako biyar ana jira ne.

Yanzu ga inda shagon ya gaza, kuma a nan zan daɗe. Da na zo ɗaukar kwaɗin, mai shagon ya ce akwatin zai ɗauki goma sha biyu cikin sauƙi, har ma in ƙara jajayen kifin ado biyu ko uku domin kyan gani. Lissafin da masu wannan kiwo suka fi bi shi ne kimanin lita 8 zuwa 10 ga kowane kwaɗo, kuma akwatina bayan an zuba yashi an bar sarari a sama bai fi lita 45 na ruwa yake ɗauka ba, saboda haka na tsaya a kan shida, wanda shi ma ya ɗan wuce. Kifin kuwa na ƙi, domin jan kifin nan ruwa mai sanyi ya fi so, yana da yawan kashi, yana girma har ya iya haɗiye kwaɗon, kuma kafin kwaɗo mai raunin gani ya gano inda abinci ya faɗa, kifin ya riga ya share wurin. A kan wannan na tsira. Inda na faɗa shi ne wajen zaɓe. A cikin akwatin shagon akwai wasu farare masu jajayen idanu a gauraye da masu ruwan ƙasa, girmansu ɗaya, kuɗinsu ɗaya, suna ƙarƙashin suna ɗaya. Mai shagon ya ce, "Malam, ka haɗa da fari ɗaya, zabiyarsu ce, za ta ƙawata maka akwatin." Na ɗauki biyar masu ruwan ƙasa da fari ɗaya, ashe kallon kitse na yi wa rogo.

Farin ba ɗan'uwansu ba ne. Wani jinsi ne dabam mai suna Xenopus laevis, ɗan asalin kudancin Afirka, wanda macensa kan kai santimita 12, kuma ya shahara a ɗakunan bincike tun shekarun 1930 lokacin da aka gano ana iya gwada juna biyu da shi, ta hanyar yi masa allurar fitsarin mace a ga ko zai saki ƙwai. Dangi ɗaya suke da ƙaramin, kuma suna kama da juna matuƙa lokacin da suke ƙanana, amma akwai alamomin da ke raba su waɗanda da na san su a ranar da ban yi kuskuren ba. Hannuwan ƙaramin kwaɗon suna da fata tsakanin yatsu kamar ƙafar agwagwa, na babban kuwa yatsu ne zalla a warwatse. Idanun ƙaramin a gefen kai suke kuma bakinsa yana da ɗan tsini, na babban a saman kai suke kamar an ɗora su, fuskarsa kuma a baje take. Sannan farare masu jan ido da ake gani a shaguna kusan dukansu babban jinsin ne. Duba hannu kaɗai ya isa, kuma aikin daƙiƙa biyar ne ga wanda ya sani; shagon da ke sayar da dabbar shi ya kamata ya sani kafin mai saye.

Cikin wata biyu farin ya ninka sauran girma. Shi ke fara isa wurin abinci, yana tura shi baki da hannu biyu, sauran kuma suna ramewa a kan idona. Na ɗauka ƙoshin lafiya ce kawai ta bambanta su. Wata safiya a watan Janairu na ƙirga na ga babu ɗaya, na ɗaga kasko da duwatsu ban gan shi ba, sai na lura cikin farin ya yi tulu. A ranar na ware shi a bokiti mai murfi, na ɗauki hotonsa na aika wa mai shagon ta WhatsApp. Abin da ya biyo baya shi ne dalilin da ya sa har yanzu nake zuwa shagon. Bai yi gardama ba, bai ɗora mini laifi ba, ya ce in kawo shi, ya duba hannuwan da kansa ya kwatanta da na sauran, ya amsa cewa haka aka aiko masa da su a leda ɗaya kuma bai taɓa lura ba. Ya karɓi farin ya ba ni ƙanana biyu a madadinsa. A kasuwancinmu inda kaya idan ya bar shago ya bar shi ke nan, wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Kafin wannan na riga na yi asarar wani a watan Disamba, kuma laifin rabi na murfin saitin ne, rabi nawa. Murfin yana da rami a kusurwar baya inda wayoyi ke fita, faɗinsa ya kai na yatsu biyu. Waɗannan kwaɗi sukan yi tsalle idan sun firgita ko idan sun taso shan iska da ƙarfi, kuma a wajen ruwa ba sa daɗewa ko a lokacin damina, balle a busasshiyar iskar hunturu. Da safe na same shi a bayan kabad ya bushe kamar ganye. Guntun soso da aka cusa a ramin ya isa ya hana wannan, kuma da an ce mini kalma ɗaya a shagon da na cusa shi tun ranar farko. Yanzu na toshe ramin, na kuma rage ruwan ya tsaya kamar yatsu uku ƙasa da bakin akwatin.

Sababbi biyun da aka ba ni ban zuba su kai tsaye ba. Shagon yana amfani da raga ɗaya a duk akwatunansa, kuma akwai wata cutar fangas da ke kama fatar kwaɗi, wadda aka sanya wa ƙwayarta suna Batrachochytrium dendrobatidis a 1999, ta kuma hallaka kwaɗi masu yawa a sassan duniya. Babban jinsin nan yana iya ɗauke da ita ba tare da ya nuna alama ba, ƙananan kuwa tana kashe su. Na ajiye sababbin a wani ƙaramin akwati dabam na tsawon wata biyu da nasu ragar da nasu bokitin, sai da na tabbata suna ci kuma fatarsu ba ta yin wani baƙon saɓa sannan na haɗa su. Saɓar fata ta yau da kullum ba abin tsoro ba ce, sukan tuɓe ta kamar riga su cinye abinsu.

Da akwatin ya koma na jinsi ɗaya masu girma ɗaya, sai zaman ya daidaita, kuma a nan ne na ga abin da ya sa mutane ke son wannan kiwo. Biyar ne yanzu, maza biyu da mata uku. Macen ta fi girma da faɗin ciki, namijin kuma yana da ɗan ƙullutu fari-fari a bayan hammatarsa. Ba sa faɗa a kan wuri, sau da yawa ma sai a same su uku a ƙarƙashin kasko ɗaya, wani a kan wani. Rikicinsu ɗaya ne, lokacin cin abinci, inda wani zai cafki ƙafar ɗan'uwansa yana zaton tsutsa ce, su yi birgima su rabu. Tun da babu haƙora, ba a jin rauni. Da dare mazan suna yin wani siririn kuka mai kama da ƙarar wayar lantarki, wanda na yi kwana biyu ina neman tushensa a jikin soket kafin na gane daga akwatin yake fitowa. Sukan kuma yi wata tsayuwa a saman ruwa, hannu da ƙafa a baje ba motsi, wadda ta sa 'yata ta zo da gudu tana cewa, "Baba, ɗaya ya mutu," alhali hutawa yake yi. Namiji yakan rungumi mace ta ƙugu su yi ta yawo tare, wani lokaci su taso sama su yi adungure tana sakin ƙwai, amma sauran suna cinye ƙwan kafin ya zama talibambam. Gara mata su fi maza yawa, domin idan maza suka yi yawa sukan hana macen sakat.

Ciyarwa ita ce aikin da ya fi cin lokaci, kuma a nan shagon ya taimaka rabi da rabi. Suna sayar da daskararrun jajayen tsutsotsi, waɗanda kwaɗin ke so ƙwarai, amma kayan firiza ne, kuma idan ya narke ya sake daskarewa sau biyu saboda ɗauke wuta to ya lalace. Na koma sayen fakiti ɗaya kacal a lokaci guda, ina haɗawa da ƙananan dunƙulen abinci masu nutsewa da kuma tana da nake tonowa a inda ba a zuba taki ko maganin ƙwari ba, in wanke ta in yayyanka ƙanana. Ina zuba abincin a kan ɗan farantin tangaran da na ajiye a kusurwa ɗaya, kwana ɗaya a ci kwana ɗaya a huta, kuma cikin mako biyu suka koyi wurin. Akwai mace ɗaya mai sanyin jiki wadda kullum ita ce ta ƙarshe, ita da dogon hantsaki nake kai mata abinci har gaban hanci. Wanda zai tara kwaɗi wuri ɗaya dole ya ƙirga bakunan da suka ci, domin a cikin taro ne mai rauni ke ramewa ba a sani ba.

Yanayin Kano ya jarraba akwatin ta fuska biyu. Waɗannan kwaɗi sun fi jin daɗin ruwa mai zafin digiri 24 zuwa 27. A daren hunturu na ga ma'aunin ya sauka zuwa 20, suka daina ci suka lafe, sai da na sayi hita mai wat 50. Mai shagon da farko ya ce a Kano ba a buƙatar hita, maganar da ta dace da wata tara na shekara kawai. Bazara ta fi wuya. A watan Afrilu, lokacin da zafin gari ke haura digiri 40, ruwan ya kai 31. Na mayar da akwatin ɗakin da rana ba ta bugunsa, na cire murfin roba na sa na raga mai ƙananan idanu, na kafa ƙaramar fanka mai caji tana busa saman ruwan. Hikimar randa ce, ruwan da ke tashi sama yana tafiya da zafi, kuma a busasshiyar iska irin tamu hakan ya sauke mini digiri uku. Kuɗin da ake biya shi ne ruwan yana raguwa da sauri, sai an riƙa ƙarawa kullum. Jefa ƙanƙara na gwada sau ɗaya na bari, domin tana sauke zafin farat ɗaya sannan ya sake hawa, wannan hawa da sauka kuwa ya fi zafin kansa wahalar da su. Game da wuta, kwaɗin ba za su shaƙe ba idan injin ya tsaya tun da iskar sama suke sha, amma ƙwayoyin da ke cikin soso suna buƙatar ruwa mai gudana, don haka na sayi injin hura iska mai batir a ciki wanda ke ci gaba da aiki da kansa idan an ɗauke wuta. Shagon ne ya samo mini shi cikin kwana huɗu, kuma har yau bai ba ni matsala ba.

Akwai gargaɗi biyu da nake ganin ya wajaba shagon ya rubuta ya manna a bango. Na farko maganin sauro ne. Gidajenmu ba sa rabuwa da feshi da na kunnawa, ga turaren wuta, kuma injin hura iska yana zuƙar iskar ɗakin ne ya tura ta cikin ruwa; duk ranar da za a yi feshi sai na kashe injin, na lulluɓe akwatin da jiƙaƙƙen tawul, ba na buɗewa sai ɗakin ya sha iska. Hannun da aka shafa wa mai ko turare shi ma ba ya shiga ruwan, haka nan gishiri da magungunan kifi masu sinadarin tagulla, waɗanda ke jere a kan kantar shagon ba tare da wani bayani ba. Na biyu ya shafi lafiyar mutane ne. Waɗannan kwaɗi suna iya ɗaukar ƙwayar salmonela, kuma tsakanin 2008 da 2011 hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka, CDC, ta bi diddigin wata ɓarkewar cutar da ta kama ɗaruruwan mutane a jihohi fiye da 40, akasarinsu yara, har zuwa wani wurin kiwon waɗannan kwaɗi a Kalifoniya. Ba a riƙe su a hannu, ba a wanke kayansu a inda ake wanke kwanuka, yara ƙanana kallo kawai za su yi, kuma duk wanda ya taɓa ruwan sai ya wanke hannu da sabulu. A shagon na ga yaron yana ɗebo kwaɗo da tafin hannu yana miƙa wa wani yaro ɗan shekara huɗu ya shafa, uban yana tsaye yana murmushi.

Wanda yake son fara wannan kiwo zai iya zuwa shagon da kwanciyar hankali idan ya shiga da jerin abin da yake so a rubuce: akwatin gilashin shi kaɗai, matatar soso, injin iska mai batir, ma'aunin zafi, hita, maganin kulorin, da kwaɗi huɗu ko biyar waɗanda ya duba hannuwansu ɗaya bayan ɗaya. Jimillar kuɗin ba za ta wuce ta saitin da nisa ba, kuma ba zai tara kayan da zai zubar ba. Na koma shagon makon jiya sayen tsutsotsi, na tarar an raba fararen da masu ruwan ƙasa a akwatuna biyu, ko da yake takardar sunan da ke jikinsu har yanzu ɗaya ce, ramin murfin saitin kuma yana nan yadda yake. Farin da na mayar yana wani akwati shi kaɗai kusa da teburin mai shagon, ya kusa cika tafin hannu, kuma dattijon ya ce ya fasa sayar da shi domin da shi yake nuna wa masu saye bambancin hannuwan.